Inci goma da suka tsayar da rufin wani gida a Agege

Asalin ginin: ƙarshen 2023 zuwa Janairun 2024

Mai ginin dillalin shanu ne a mayankar Oko-Oba da ke Agege, Bakano, ya daɗe a Legas har 'ya'yansa sun fi shi jin Yarbanci. Ya sayi wani tsohon gida a cikin unguwa, ya rushe, ya tayar da sabo: ɗakuna shida suna kallon juna, uku ta nan uku ta can, lungu a tsakiya, madafa da banɗaki kuma daban a baya. Niyyarsa iyalinsa su zauna a ɓangare ɗaya, ya zuba 'yan haya a ɗayan. A takarda, faɗin ginin ƙafa 24 ne, tsawonsa ƙafa 40, daga bayan bango zuwa bayan bango.

Da farko rufi irin na gida aka shirya, wato kwano kwance a ɓoye bayan rawani, ruwa ya fita ta indararo. A kan haka ya sayi katakon tubaifo, wato mai kaurin inci 2 da faɗin inci 4, mai tsawon ƙafa 12, ya jibge a ɗaki ɗaya. Maƙwabta, Hausawa da Yarbawa, suka ce masa ya sake shawara. Ruwan da ke sauka a Legas a shekara ya kusa ninka na Kano. Yana tsananta daga Afrilu zuwa Yuli, ya ɗan tsagaita a Agusta, ya dawo a Satumba da Oktoba, kuma yakan wuni ko ya kwana yana zuba. Magudanar da ke bayan rawani in ta cika, ko leda da ganye suka toshe ta, cikin silin ruwan yake komawa. A watan Janairu sai ya canza, ya ce rufi mai gangara huɗu yake so, wanda ruwa ke sauka ta kowane gefe, da leɓe mai zarce bango da ƙafa 2.

Ɗaurin farko: ƙarshen Fabrairu

Kafintan da aka bai wa aikin matashi ne, mai tsaftar hannu, ba ya wasa da lokaci. Ya rufe shaguna da gidaje masu gangara biyu da yawa, amma mai gangara huɗu sai dai wanda ya yi a ƙarƙashin ubangidansa, yana miƙo katako yana buga ƙusa inda aka nuna masa.

Ga yadda ake ɗaura irin wannan rufin. Ana shimfiɗa katako a kan bango zagaye da ginin, wanda kafintoci ke kira walfilet. A kansa ake gitta katako a kwance daga bango zuwa bango, shi ne taibim. A tsakiyar taibim ake tsayar da kinfos, shi ne ginshiƙin da ke yanke tsayin rufin. Daga kan kinfos rafta ke gangarowa hagu da dama ta sauka a ƙarshen taibim, ta zarce waje ta zama leɓe. Katako ɗaya ke haɗa kawunan kinfos, shi ne tozo. A rufi mai gangara huɗu tozon ba ya kai wa ƙarshen gini. Yana tsayawa a hanya, sai raftocin kwana huɗu su taso daga kusurwoyin gini su tarye shi, gajerun raftoci kuma su cike tsakani.

Suka yi ittifaki da Alhaji, mai ginin, a kan kinfos mai ƙafa 6. Kafinta ya auna ƙafa 12 daga bangon hagu, ya tsayar da kinfos biyar a jere, ƙafa 4 tsakanin kowanne, tozo ya zama ƙafa 16. Ya ja igiya daga kan kinfos na farko zuwa bangon hagu, ya samu ƙafa 13 da inci 5. Ya ƙara ƙafa 2 da inci 3 na leɓe, ya zama ƙafa 15 da inci 8. A nan aka gane katakon ƙafa 12 da ke jibge ba zai yi rafta ba, aka koma kasuwa aka sayo mai ƙafa 18. Ya yanka ɗaya ta zama samfur, ya kwafi sauran goma sha ɗaya a kanta.

Biyar ɗin hagu suka zauna daram. Na dama suka ƙi. Ta farko leɓenta ya fito ƙafa 1 da inci 10 maimakon ƙafa 2, ta ƙarshe ƙafa 1 da inci 6 da rabi. Da aka ja igiya a bakinsu don buga fesinbod, wato allon da ke rufe bakin raftoci, sai aka ga layin yana hawa da kusan inci 2 yana nufar bayan gida. Taibim bai tona asirin ba, domin guda biyu-biyu ne aka gama a kan bangon lungu, kowanne aka zura shi har ya taɓa bangon waje, ba wanda ya ja tef a kan jimillar.

Sai aka zo kan raftar kwana. Igiya daga ƙarshen tozo zuwa kusurwar gaba ta hagu ta nuna ƙafa 18 cif, ban da leɓe. Katakon tubaisikis, mai kaurin inci 2 da faɗin inci 6, da aka saya da sunan ƙafa 18, bayan an datse bakin da ya tsage, mafi tsawo a ciki ƙafa 17 ne da inci 5. Bai kai ba. Kan raftar kuma kafinta ya yanke shi da irin yankan da ya yi wa sauran raftoci, da aka ɗaga aka jingina sai gefe ɗaya kawai ya taɓa tozo, ɗayan ya bar kafar da babban yatsa ke shiga.

Ɗauri na biyu: makon farko na azumi

An ɗauki azumi ranar 11 ga Maris, cikin zafin da ya saba gabatar damina. Aiki ya koma na safe, kafin azahar kowa ya sauka. Alhaji yana son ya tare kafin Babbar Sallah, lokacin da harkar dabbobi ba ta barinsa ya ko zauna, don haka kullum da yamma yana kan waya yana tambaya ina aka kwana.

Dabarar da kafinta ya yi ita ce ya matso da tozo wajen katakon, tunda katakon ya ƙi kai wa tozo. Ya ƙara wa tozo ƙafa 2 ta gaba, ya kafa masa sabon ginshiƙi. Tazarar ƙarshen tozo da bangon gaba ta ragu daga ƙafa 12 zuwa 10, raftar kwana ta koma ƙafa 16 da inci 9, katakon ya kai har da saura. Leɓen kuma ya ƙara shi da guntu, ya buga a gefe.

Ranar da aka ɗora ta an yi murna. Kwana kaɗan sai matsaloli suka fara fitowa ɗaya bayan ɗaya. Gangarar gefe tana nan a digiri 26 da rabi, ta gaba kuwa ta miƙe zuwa digiri 31, domin tsayin bai canza ba amma tazara ta ragu. A ƙafa 2 na leɓe, gangarar gefe tana sauka inci 12 ƙasa da kan bango, ta gaba tana sauka kusan inci 14 da rabi. Ke nan fesinbod na gaba da na gefe ba za su gamu a kusurwa ba, ɗaya zai fi ɗaya ƙasa da kusan inci 2 da rabi. Raftar kwanar ma ta daina raba kusurwa biyu daidai: in ta fita ƙafa 2 ta gefe, ƙafa 1 da inci 8 kawai ta fita ta gaba, sai da aka karkatar da guntun leɓen kafin ya nufi inda ake so, ya bar gwiwa a layin. Gajerun raftocin da ya yanka bibbiyu, yana zaton ta hagun kwana da ta damanta tagwaye ne, rabinsu ba su shiga ba. Falin, wato siraran katakon da ake buga kwano a kansu, na gaba da na gefe suka iso kwana a wurare daban-daban.

Alhaji ya zo bayan la'asar ya tsaya a tsallaken titi ya daɗe yana kallo.

"Malam, ni ban san aikinku ba, amma bakin nan a karkace nake ganinsa."

"Alhaji, in aka buga fesinbod aka ɗora kwano duk zai ɓoye, in Allah ya yarda."

Aka cusa 'yan guntayen katako inda akwai kafa, aka ƙara ƙusoshi, aka ci gaba.

Zuwan mai awon kwano: ƙarshen Maris

Kwanon da Alhaji ya zaɓa dogon kwanon alminiyam ne, wanda ake yankowa a masana'anta gwargwadon tsawon da aka rubuta, guda ɗaya daga tozo har leɓe ba gami. In an yanko ba a mayarwa. Saboda haka masu sayarwa kan turo nasu mutumin ya hau ya auna.

Mutumin ya hau da tef da igiya biyu. A gangarar dama ya ja igiya ɗaya daga kusurwar sama zuwa kusurwar ƙasa ta ɗaya gefen, ya ja ta biyu ta gitta ta. In fuskar rufi a shimfiɗe take kuma gefunanta daidai suke, igiyoyin za su taɓa juna a tsakiya, kuma tsawonsu ya zo ɗaya. A nan ba su taɓa ba, tsawon ma ya saɓa. Ya sauko ya ce ba zai rubuta awo ba. In aka shimfiɗa miƙaƙƙen kwano a kan murɗaɗɗiyar fuska, bakin zai fito kamar haƙoran zarto, kuma inda kwano ya hau kan kwano ba zai kwanta ba, iska mai ruwa za ta tura ruwa ta ƙarƙashi. Ya kuma shaida wa Alhaji cewa kuɗin da ya ware na kwano ba zai isa ba, domin da faɗin ƙasa ya yi lissafi, 24 sau 40, murabba'in ƙafa 960, alhali rufi ya fi ƙasan da yake rufewa faɗi.

Aiki ya tsaya. Ruwan farko mai iska ya sauka a kan katakon, rana ta biyo baya, ɗanye-ɗanyen cikinsu suka fara lanƙwashewa. Aka lulluɓe abin da za a iya da tamfol.

Awo daga tushe: tsakiyar Afrilu

An yi Ƙaramar Sallah ranar 10 ga Afrilu. A wajen gaisuwar Sallah maganar ta kai kunnen wani dattijon kafinta, Bazazzagi, wanda ya bar hawa rufi saboda gwiwa amma ana zuwa wurinsa neman shawara. Ya yarda ya zo, da sharaɗin ba za a kori yaron ba.

Bai kalli katakon ba tukuna. Ya zauna a kan bulo, ya sa yara biyu suka hau bango da tef, yana rubutawa a bayan takardar siminti. Bangon hagu ƙafa 40. Bangon dama ƙafa 40. Faɗin gaba ƙafa 24. Faɗin baya ƙafa 24 da inci 10. Daga kusurwar gaba ta hagu zuwa ta baya ta dama, ƙafa 47 da inci 1. Daga ta gaba ta dama zuwa ta baya ta hagu, ƙafa 46 da inci 8. Ya sa aka gwada kusurwoyin hagu da awon uku-huɗu-biyar: ƙafa 3 a bango ɗaya, ƙafa 4 a ɗayan, in tsakanin alamomin ya zo ƙafa 5 to kusurwa ta tsaya daidai. Duka biyun suka zo daidai. Aka zagaya da tiyon ruwa don a ga ko kan bangon ya yi tudu da kwari, bambancin bai kai rabin inci ba. Ashe komai lafiya yake sai bangon dama, wanda yake buɗewa a hankali, inci 1 a kowace ƙafa 4. Da aka tambayi birkila, ya ce katangar maƙwabci ya bi don kada a bar ƙasa a banza.

"Baba, wallahi na ja tef kafin in fara," in ji kafinta.

"Na yarda, ɗana. A gaba ka ja. A baya fa?"

Ya yi shiru.

"Gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba. Zo ka riƙe mini wayar nan ka buga lissafi, idona ba ya ganin ƙananan lambobi."

Hanyoyi uku ne a gabansu. A rushe bangon dama, wanda ba mai ko tunaninsa da tsadar siminti ta farkon shekarar. Ko a bi karkataccen bangon a auna wa kowace rafta tsawonta, wanda zai sake haifar da murɗaɗɗiyar fuskar da mai kwano ya ƙi. Ko a ɗaura rufi mai kusurwoyi daidai a kan ginin, a bar leɓe ya shanye bambancin. Ta ukun aka ɗauka.

Lissafin

Dattijon ya fara da gangara, ba da tsayin kinfos ba. Ƙafa 6 a kan ƙafa 12 na nufin rufi yana hawa inci 6 a kowane inci 12 da ya tafi a kwance. Wannan zai zauna haka a fuskoki huɗun, komai kuma daga gare shi zai fito.

Tsawon rafta lissafin Fitagoras ne da ake koyarwa a ƙaramar sakandare. A ninka tafiyar kwance da kanta, 12 sau 12, 144. A ninka tsayi da kansa, 6 sau 6, 36. A haɗa, 180. A nemi lambar da in aka ninka ta da kanta za ta ba da 180, ita ce 13.42, wato ƙafa 13 da inci 5, abin da igiyar kafinta ta nuna tun farko. In aka raba 13.42 da 12 ana samun 1.118. Da wannan lambar, duk tafiyar kwance da aka auna a wannan gangarar, a ninka ta da 1.118 an samu tsawon katako.

Raftar kwana kuwa ba miƙe take tafiya ba, a gicciye take ratsa kusurwa. Kafin ta hau ƙafa 6 sai ta yi tafiyar kwance ta kusan ƙafa 17, shi ya sa ta fi sauran kwanciya: digiri 19 da rabi, ba 26 da rabi ba. 144 da 144 da 36 sun zama 324, lambar da in aka ninka ta da kanta ke ba da 324 kuwa 18 ce. Ke nan a wannan gangarar raftar kwana ninki ɗaya da rabi ce na tafiyar kwancen rafta ta gari. A kan sukwaya, ƙarfen awon kusurwa mai hannu biyu, yankan kan rafta ta gari ana ɗora 6 da 12, na raftar kwana 6 da 17. Rashin wannan ne ya buɗe kafar da yatsa ke shiga.

Daga nan ya juya lissafin ta yadda ba za a yi asarar raftoci goma sha biyun da aka riga aka yanka ba. Ƙafa 15 da inci 8 a gangare daidai yake da ƙafa 14 a kwance. To bakin rufi zai kasance ƙafa 14 daga tozo ta kowane gefe, faɗinsa duka ƙafa 28. Za a ɗauki faɗin baya, ƙafa 24 da inci 10, a matsayin faɗin gini, rabinsa ƙafa 12 da inci 5. Don haka layin kinfos zai matsa dama da inci 5, kowane kinfos kuma ya ƙaru da inci 2 da rabi, ya zama ƙafa 6 da inci 2 da rabi, don gangara ta zauna yadda take. Leɓen hagu, da na gaba, da na baya, zai zama ƙafa 1 da inci 7. Na dama zai fara da ƙafa 2 da inci 5 a gaba ya ƙare da ƙafa 1 da inci 7 a baya.

Tsawon tozo ba abin zaɓi ba ne a rufin da fuskokinsa huɗu ke da gangara ɗaya. Tsawon gini ne a cire faɗinsa: ƙafa 40 a cire 24 da inci 10, saura ƙafa 15 da inci 2. Kinfos biyar a wannan tsawon, ƙafa 3 da inci 9 da rabi tsakaninsu. Raftar kwana daga tozo zuwa bakin leɓe, 14 sau ɗaya da rabi, ƙafa 21, dole sai da gami. Gajerun raftoci an jera su ƙafa 4 tsakani, kowace ta gaza wadda ke gabanta da 4 sau 1.118, kusan ƙafa 4 da inci 5 da rabi: ta farko ƙafa 11 da inci 2, ta biyu ƙafa 6 da inci 8 da rabi, ta uku ƙafa 2 da inci 3. Uku a kowane gefen kwana, ashirin da huɗu ke nan, kuma dukansu suna fita daga katakon ƙafa 12 ɗin nan da ke jibge tun Janairu.

Saura bangon dama. Duk inci 2 da bango ya shigo ciki daga layin rufi, rafta tana wucewa inci 1 sama da shi. A gaba, inda ya shigo da inci 10, tazarar inci 5 ce, tana raguwa har ta ƙare a baya. Aka shirya ƙarin katako mai ƙarfi a kan walfilet, mai kauri a gaba siriri a baya, ya cike wannan tazarar.

Sake ɗauri: makon ƙarshe na Afrilu

An sauke komai har zuwa taibim. Kafin a taɓa zarto, dattijon ya sa aka zana rufin da gawayi a jikin bangon hagu, wanda ba a yi wa filasta ba tukuna, a ainihin girmansa: layin kwance ƙafa 14, na tsaye ƙafa 7, aka ja igiya mai shuni tsakaninsu aka fyaɗa. Kusa da shi aka zana na raftar kwana, kwance ƙafa 19 da inci 9 da rabi, tsaye ƙafa 7. Yara biyu suka riƙa ɗaga katako suna jinginawa a layin, kafinta yana zana yankan kai da fensir daga layin tsaye. Tef ya nuna ƙafa 15 da inci 8 a zanen farko, ƙafa 21 a na biyu. Matashin ya sake aunawa da kansa, ya dubi wayar, ya dubi bango.

Wuri ɗaya ya ɗauki lokaci, wato yankan gefen gajerun raftoci inda suke kwanciya a jikin raftar kwana. In aka duba daga sama digiri 45 ne, shi kafinta yake zanawa a bayan katako tun farko. Amma katakon a gangare yake, don haka layin da za a zana a bayansa ya fi 45 tsini. A sukwaya ana ɗora 12 da 13 da rabi, a yanka ta gefen 13 da rabi. Da zarton hannu yake aiki, ba injin da ake karkatar da bakinsa ba, don haka sai da ya gwada a guntaye uku kafin hannu ya faɗa. Daga na huɗu suka riƙa mannewa ba kafa.

Sauran ƙananan abubuwa an bi su ɗaya-ɗaya. An auna kaurin katakon tozo da tef, domin abin da ake kira inci 2 a kasuwa ba ya cika inci 2, aka rage rabin kaurin daga kan raftocin da ke jingina da shi. An saukar da raftar kwana da kamar kwatan inci don gefunanta kada su ɗaga falin. Gaminta ya faɗo a kan ginshiƙin da ya tsaya kan bangon ɗaki, aka haɗa ta da katako na gefe da bol da noti, ba ƙusa kaɗai ba. Duk katakon da ya yi doro an juya doron sama, biyu da suka murɗe aka ajiye su gefe. Tsofaffin kinfos suka zama matokarai. Aka shafe komai da maganin gara, aka lanƙwaso rodin da aka bari a linta a kan walfilet, aka ɗaure ƙafar kowace rafta da langalanga, saboda iskar farkon damina a Legas ta saba yaye rufi.

Da aka gama, an gitta igiya biyu a tsakiyar gangarar dama, tsakanin rafta ta farko da ta biyar. Kowace ta nuna ƙafa 21 da inci 9 da rabi, bambancinsu bai wuce kwatan inci ba, kuma sun taɓa juna a tsakiya. Haka ta hagu.

Kwano da damina: Mayu zuwa Yuli

Mai awo ya dawo ya rubuta. Bakin rufin ƙafa 28 ne da ƙafa 43 da inci 2, murabba'in ƙafa 1,209 a kwance. A ninka da 1.118, ya zama 1,351, wato murabba'in mita 125 da ɗoriya, ban da abin da ake datsewa a zubar a kwana huɗun. Ya zarce lissafin Alhaji na 960 da kashi 40 cikin ɗari. An ɗora kwano a makon farko na Mayu, iyali suka tare kafin Babbar Sallah, wadda aka yi ranar 16 ga Yuni.

Ranar 3 ga Yuli aka wuni ana ruwa a Legas, tituna da unguwanni da dama suka cika. A gidan wuri ɗaya ya ɗiga, inda hular tozo, wato kwanon da ke rufe saman tozo, ta gamu da hulunan kwana biyu ta baya, an ɗora ta ƙasa a kan ta sama. Aka juya su washegari, bai sake ba.

Abin da na gani a lamarin

Ban ɗora wa matashin laifin rashin iya lissafi ba. Igiyarsa ba ta yi masa ƙarya ba, ƙafa 13 da inci 5 ta ce, ƙafa 18 ta ce, waya ma abin da ta ce ke nan. Abin da igiya ba ta iya faɗa shi ne ko ginin da ake tsaye a kai daidai yake. Tana auna katako ɗaya a wuri ɗaya, shi kuma ya ɗauki amsar wuri ɗaya ya raba wa wurare goma sha biyu. Awo shida na kan bango, gefe huɗu da gicciye biyu, da an yi su a Fabrairu, da ba su ci rabin sa'a ba.

Ɗauri na biyu ne ya fi ci mini rai, kuma shi ya fi cin kuɗi. A na farko kuskure ɗaya ne a ɓoye. A na biyu an canza surar rufin gaba ɗaya don katako guda ya kai, alhali gami mai kyau a kan ginshiƙi abu ne da kowane kafinta ya iya. Da tozo ya matsa, gangara ta rabu biyu, duk abin da ke rataye da ita, leɓe, falin, gajerun raftoci, ya rabu tare da ita. Rufi mai gangara biyu mabambanta ana yin sa, amma lissafinsa daban ne kuma da niyya ake shiga shi.

Birkila ma da nasa kason. Bin katangar maƙwabci ba laifi ba ne a unguwar da kowane inci na ƙasa ke da daraja, amma wanda ya karkatar da bango da saninsa, hakki ne a kansa ya faɗa wa wanda zai hau bayansa. Alhaji kuma ya sayi katako kafin ya tsayar da irin rufin, ya ware kuɗin kwano da awon ƙasa, sannan wayarsa ta kullum ta sa yaron da ya ga alamar matsala ya zaɓi ya toshe maimakon ya tsaya ya ce a sake dubawa.

Gyaran dattijon ya yi aiki ne domin ya tsayar da abu ɗaya, gangarar 6 a kan 12, ya ciro sauran awo duka daga gare ta, ya kuma tura karkatar ginin zuwa leɓe, inda ba ta ɗauke da nauyi kuma ba ta hana kwano kwanciya. Ba kyauta aka samu hakan ba. Wanda ya tsaya a lungun dama ya ɗaga kai zai ga leɓen yana tsukewa zuwa baya. Leɓen hagu kuma ya rasa inci 5 daga ƙafa 2 da aka so, kuma ta wannan gefen ruwa mai iska yake bugowa, har fentin ƙasan tagogi ya fara kumbura kafin Oktoba. An auna wurin za a sa magudanar roba a bakin kwanon, ƙafa 43 da inci 2, da bututun saukarwa biyu, kuma matashin ne aka bai wa aikin.